Joris Ivens: Mai Ɗaukar Hoton Ruwa Da Alkama

Duk wanda ya bi hanyar Kadawa a lokacin kakar tumatir ya sha ganin kwanduna jibge a bakin titi, rana na dukansu, babu mai saye. Wannan gani shi ke tuna mini da wani mai shirya fim ɗan ƙasar Holan, Joris Ivens.

An haife shi a garin Nijmegen a 1898. Mahaifinsa mai sayar da kayan ɗaukar hoto ne, saboda haka tun yana yaro ya saba da kyamara. A wasu finafinansa na farko babu 'yan wasa, babu labari, babu magana. A 1928 ya ɗauki wata gadar jirgin ƙasa a Rotterdam, yadda take ɗagawa jiragen ruwa su wuce. A 1929, shi da Mannus Franken suka fito da "Regen", wato ruwan sama. Watanni ya yi yana bin ruwa a titunan Amsterdam: ɗigo a kan gilashi, laima, kwata tana gudu. Sa'an nan ya harhaɗa su kamar ruwan yini ɗaya ne. Salonsa ke nan, ya sa mutum ya tsaya ya dubi abin da kullum yake wucewa bai kula ba.

Fim ɗin da ya fi shafarmu shi ne "Nieuwe Gronden" na 1933, ma'ana sabuwar ƙasa. Ya nuna yadda mutanen Holan suka datse teku da madatsa mai tsawon kilomita 32, wadda aka rufe a 1932, suka kuma mai da ƙasan teku gonar alkama. Mai kallo na cikin murnar girbi, sai hoto ya juya: kasuwar duniya ta faɗi, ana lalata hatsi don farashi ya tashi, ga yara kuwa da yunwa.

Jama'a, ashe ba labarinmu ba ne? An gama dam ɗin Tiga a 1974, injiniyoyin Holan na NEDECO kuma suna cikin waɗanda suka tsara noman rani na Kura da Bunkure. Ruwa ya zo, amfani ya samu, amma wurin ajiya da kasuwa suka gagara.

Ivens ɗan gurguzu ne, ba mu tare da shi a nan. Duk da haka tambayarsa tana kanmu. Yusufu ya tara hatsi a Masar kafin yunwa ta zo, Ubangiji Yesu kuma ya sa aka tattara ragowar gurasa bayan taro ya ƙoshi. Me zai hana ikilisiyoyinmu a Madobi da kewaye su haɗa kai da maƙwabtanmu Musulmi wajen shanya tumatir da gina rumbun haɗin gwiwa?

Ivens ya rasu a Faris a 1989. Allah ya ba mu idon ganin albarkar da ke ruɓewa a bakin hanya. Amin.