Kwana Da Ɗamarar Matse Ciki: Gyara Ko Ɓarna?

Tun a shekarar 1958 da wani masanin kimiyya na kamfanin DuPont a Amurka, Joseph Shivers, ya ƙago zaren roba mai talewa wanda daga baya aka sa wa suna Lycra, tufafin matse jiki suka yi sauƙin samuwa. Yau ga su nan jibge a kasuwanninmu, mata na saye don su ɓoye tumbi, musamman masu jego. Har wasu kan kwana da su, wai don ciki ya yi saurin lafewa.

To, abin da ya kamata a sani shi ne, ɗamarar ba ta narka kitse. Iyakacinta ta danne shi, da an kwance ta kuwa sai ya koma mazauninsa. Ita ma mahaifa da kanta take komawa daidai cikin kamar mako 6 bayan haihuwa, wato wajen arba'in, ko an ɗaure ko ba a ɗaure ba.

Illar kwana da ita kuwa ba ɗaya ba ce. Idan mutum ya kwanta, ruwan ciki mai tsami ya fi samun hanyar hawowa maƙogwaro, matsi kuma sai ya ƙara tunkuɗo shi, ga ƙwannafi ya samu. Haka nan tantanin da ya raba ƙirji da ciki ba ya samun sararin sauka, saboda haka numfashi ba ya cika. Akwai kuma wata jijiya da ta bi ta matsematsi zuwa gefen cinya, wadda in an daɗe ana danne ta sai wurin ya sage ko ya riƙa zugi. Ga kuma zufa da roba ke tarawa, mai jawo ƙuraje da ƙaiƙayi, balle a lokacin bazara. Mai barci kuwa ba lalle ya farga da wuri ba, balle ya sassauta.

Wadda aka yi wa tiyata, likita ya ba ta ɗamara ta musamman, wannan hukuncinta daban ne, sai ta bi abin da ya gaya mata. Amma ta kwalliya, a sa ta na 'yan sa'o'i da rana, daidai jiki, a tuɓe kafin a kwanta. Kada garin neman gira a rasa ido.