Abin da ya kamata ku sani game da marubucin labarin fim

Idan fim ya yi daɗi, jarumi ake yabo, in an matsa a ambaci darakta. Amma tun kafin a kunna kyamara akwai wanda ya kwana yana saƙa da warwara a kan takarda, wato marubucin labari. Duk maganar da ta sa ka dariya ko ta sa ka hawaye, daga alƙalaminsa ta fito.

A Kaduna wannan sana'a ta girmi Kannywood nesa ba kusa ba, domin a rediyo ta yi rarrafe. Shu'aibu Maƙarfi ya rubuta wasannin da aka riƙa sawa a gidan rediyon Kaduna, daga baya suka zama littattafai, irin su Zamanin Nan Namu na 1959 da Jatau Na Kyallu. Da gwamnatin Sardauna ta buɗe gidan rediyo da talabijin na Arewa a 1962, sai fagen ya ƙara faɗi. A nan Yusuf Ladan ya fito da Zaman Duniya Iyawa Ne. A nan ma Usman Baba Pategi ya ɗauko rayuwar bariki da ya sani ciki da bai, kasancewarsa soja, ya gina Samanja Mazan Fama a kanta. Ya rasu a Kaduna a 2023. A shekarun 1980 kuma NTA Kaduna ta mayar da Magana Jari Ce na Abubakar Imam wasan talabijin, inda marigayi Ƙasimu Yero ya yi fice. Duk waɗannan wasanni sun fito kafin Turmin Danya, fim ɗin da Kannywood ta fara da shi, ya fito a Kano a 1990.

To mene ne ainihin aikin? Marubucin littafi yana da damar shiga zuciyar mutum ya gaya maka abin da yake saƙawa. Marubucin fim ba shi da wannan dama. Abin da ido zai gani da abin da kunne zai ji kaɗai yake rubutawa. Ba zai ce Ladi na cikin damuwa ba. Zai rubuta: tsakar gida a Unguwar Shanu, da hantsi, Ladi na tsince shinkafa a faranti, wayarta ta yi ƙara sau uku, ta dubi sunan, ta kife ta. Mai kallo ya gane sauran da kansa.

Aikin hawa-hawa ne. Za a fara da taƙaitaccen labari, furodusa ya duba ya amince. Sai a yanka shi fitowa-fitowa, kowace da wurinta da lokacinta, sannan a sa wa kowa magana a baki. A ƙa'ida, shafi ɗaya yana cin kusan minti ɗaya a allo, don haka fim mai minti 90 yana buƙatar shafi wajen 90. Kuma dole marubuci ya san aljihun furodusa. Rubuta cewa kasuwa ta kama da wuta layi ɗaya ne, amma ɗaukarsa na iya cinye kuɗin fim ɗin gaba ɗaya.

A fim ɗin zane, wanda ake kira katun, nauyin ya fi haka. Ana jera hotuna har 24 a daƙiƙa ɗaya, kuma yawanci muryoyi ake fara ɗauka kafin a zana motsin baki. Kalma ɗaya da aka canza a makare tana iya rushe aikin kwanaki. Moustapha Alassane na Nijar, wanda ya zauna a Tawa ya rasu a 2015, ya nuna ana iyawa a yankinmu: a Bon Voyage Sim na 1966 ya yi amfani da kwaɗi ya zolayi shugabanni masu son shagali.

Rayuwar marubucin kuwa sai haƙuri. Galibi sau ɗaya ake biyansa, ko da fim ɗin zai shekara yana kawo kuɗi. Wani lokaci a sauya masa labari a wurin ɗauka ba tare da an tuntuɓe shi ba. Duk da haka, fina-finai masu dogon zango sun ɗaga darajar aikin, domin shiri irin Daɗin Kowa na tashar Arewa24 ba ya tafiya sai da marubuta, cikin waɗanda suka rubuta shi har da Fauziyya D. Sulaiman da Nazir Adam Salih.

Matashin da ke sha'awar sana'ar ya yawaita karatu, ya kasa kunne ga yadda ake magana a tashar Kawo da cikin Keke Napep, kuma kada ya miƙa rubutunsa sai da yarjejeniya a rubuce. Kai kuma mai kallo, idan fim ya ƙare sunaye suka fara hawa, ka dakata ka nemi sunan wanda ya rubuta labarin. Haƙƙinsa ne a san shi.