Mai Ɗaukar Sauti: Darasi Daga Aikin Musa Hamidu

Idan aka yi zancen fim, sunan mai ba da umarni da na 'yan wasa ake ambata. Manufar wannan maƙala ita ce jawo hankalin manazarta harshe zuwa ga wani ma'aikaci da ba a ganin fuskarsa a majigi, wato mai ɗaukar sauti. Za a kafa hujja da aikin Musa Hamidu, mutumin Jamhuriyar Nijar, wanda ya shafe shekaru yana aiki tare da Bafaranshen nan Jean Rouch, ya kuma ɗauki sautin fim ɗin Umaru Ganda mai suna Cabascabo.

A shekarar 1971, a ƙauyen Simiri na ƙasar Zabarma, aka shirya wasan iskoki irin na bori domin neman tsari daga fara. An yi kwanaki ana kiɗa, iskoki ba su sauka ba. A rana ta ƙarshe Rouch ya kutsa cikin fage da na'urar ɗaukar hoto, Musa na biye da shi da rakoda da makirfo. Ana cikin ɗaukar sai iskokin suka hau. Wannan shi ne fim ɗin Tourou et Bitti, wanda aka ɗauka a tashi guda, cikin kimanin minti 10. Irin wannan aiki ba ya karɓar gyara, domin abin da ya wuce kunnen mai rakoda ya wuce ke nan. Dole ya san harshen wurin, ya san lokacin da zai karkata ga makaɗi da lokacin da zai koma ga mai magana.

Wannan darasi ya shafe mu a ƙasar Kabi, maƙwabciyar Zabarma. Bikin kamun kifi na Argungu, wanda ya samo asali daga ziyarar Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu a 1934, ya sha ɗauka a fim. Hoto yana nuna homa da gora da cincirindon masunta a Matan Fada, amma kirarin masunta da taken makaɗa da karin harshen Kabawa, sauti ne kaɗai ke adana su.

Saboda haka ya kamata duk manazarcin da ya dogara da irin waɗannan faifai ya binciki wanda ya ɗauki sautin, da harshen da yake ji, sa'an nan ya ambaci sunansa, kamar yadda malamanmu ke ambaton wanda suka karɓo ruwaya daga gare shi.