Ash Barty da Sana'ar da Ke Raba Mutum da Gida

A shekarar da Ashleigh Barty ta cika shekara 17, kwana 27 kacal ta yi a gidan iyayenta. Sauran kwanakin sun ƙare ne a jiragen sama da ɗakunan otal da filayen tanis na garuruwa da ƙasashe daban-daban. Duk mai son ya fahimci tanis a matsayin sana'a, daga wannan lissafi ya kamata ya fara, tun kafin ya kai ga kofuna.

Ɗan ƙwallon ƙafa yana da kulob, yana da albashi, ko ya buga ko yana benci. Ɗan tanis kuwa shi ne kamfanin kansa. Shi zai biya kocinsa, shi zai sayi tikitin jirgi nasa da na kocin, shi zai biya mai duba lafiyar gaɓoɓinsa in yana da halin ɗauka. Kuɗin shiga kuma sai abin da ya ci a gasa, in ban da wanda sunansa ya fito har kamfanoni suka ba shi talla. In aka fitar da shi a zagayen farko, ya haɗa kayansa ya nufi wani gari. Makin da ke ɗaga shi a jerin gwanayen duniya mako 52 kawai yake yi ya goge, don haka abin da ka ci bara sai ka koma bana ka kare shi. Kaka tana farawa a Janairu, ba ta ƙarewa sai wajajen Nuwamba. Rayuwar ta fi kama da ta fatake, sai dai falke yana tafiya cikin ayari, ɗan tanis kuwa waɗanda yake tafe da su mako bayan mako su ne abokan hamayyarsa.

Ga ɗan Ostiraliya nauyin ya ninka. Bafaranshe ko Bajamushe in ya faɗi gasa a Turai, da yamma yana iya cin abincin gida. Daga Brisbane zuwa Landan kuwa tafiyar kusan kwana guda ce cur a sama, kuma galibin gasanni a Turai da Amurka ake yin su. Wanda ya fita, ya fita ke nan na watanni.

An haifi Barty ranar 24 ga Afrilu, 1996, a Ipswich da ke jihar Queensland. Ta wajen mahaifinta tana da tsatson Ngarigo, ɗaya daga cikin al'ummomin asali na ƙasar, kuma ba ta taɓa ɓoye alfaharinta da hakan ba. Tana 'yar shekara huɗu aka kai ta wurin wani koci mai suna Jim Joyce a yammacin Brisbane. Abin da Joyce ya yi mata shi ne abin da kowane maigidan sana'a na ƙwarai ke yi: ya dubi yarinyar, ya ga ba doguwa za ta zama ba, sai ya ƙi ɗora ta a kan ƙarfi kaɗai. Ya koya mata kowane irin bugu, ya riƙa haɗa ta da yara maza da suka girme ta, daga baya har da manyan maza. Tsayinta bai wuce mita 1.66 ba a wasan da dogaye suka mamaye, amma bugunta na buɗe wasa ya zama cikin mafi kyau a tsakanin mata, saboda ta san inda za ta ajiye ƙwallo.

Sai kuma bugun da aka fi saninta da shi, wanda ya cancanci a tsaya a kansa. Yawancin 'yan wasan zamaninta in ƙwallo ta zo ta bayan hannu, hannu biyu suke sawa su maka ta da ƙarfi. Barty ta iya wannan, amma ta fi son ta saki hannu ɗaya ta yanki ƙwallon daga ƙasa. Ƙwallon da aka yanka haka tana juyawa da baya, ta tafi ƙasa-ƙasa, in ta taɓa fili ta zame maimakon ta yi tsalle. Doguwar abokiyar karawa dole ta durƙusa ta ɗago ta, ƙwallon da aka ɗago kuwa takan zo da taushi, daidai inda Barty ke jira da hannunta mai ƙarfi. Bugu ɗaya yana shirya wa na gaba hanya. A ganina nan ne gwanintarta take: tana gina maki ne da haƙuri, tana sa abokiyar hamayya ta buga irin ƙwallon da ba ta so.

Nasara ta zo mata da wuri, wataƙila ma da wuri fiye da kima. Ta ci gasar matasa ta Wimbledon a 2011 tana da shekara 15. A 2013 ita da Casey Dellacqua sun kai wasan ƙarshe na 'yan bibbiyu a manyan gasa uku, Melbourne da Wimbledon da New York, duk ba su ɗauki kofin ba. Bayan gasar Amurka ta 2014 sai ta ajiye raket, tana da shekara 18. Kewar gida da kaɗaici sun cinye ta. Ta koma Queensland, ta koyar da yara tanis, ta shiga kurket har ta buga wa Brisbane Heat a kakar farko ta babbar gasar mata ta ƙasar. Abin lura shi ne irin wasan da ta zaɓa: na ƙungiya, inda in an faɗi tare ake faɗuwa.

Da ta dawo a 2016 tare da koci Craig Tyzzer, daga ƙasa ta faro. A tsakiyar shekarar tana ta 623 a duniya, matsayin da ko wasannin share fage na manyan gasa ba ya kai mutum. A nan yawancin masu wannan sana'a suke rayuwa, a ƙananan gasanni da ba kowa a kujerun kallo, inda ladan mako sau da yawa ba ya biyan kuɗin jirgi da masauki. Gurbin shiga babbar gasa kai tsaye na kimanin mutum ɗari ne na sama, ga kuma dubbai suna neman sa. Barty ba ta daɗe a can ba. Ta ci kofinta na farko na ɗai-ɗai a babban mataki a Kuala Lumpur a 2017, ta ƙare shekarar tana ta 17.

A 2019 ta ci Roland Garros a Paris, a kan jar ƙasa, filin da ita kanta ba ta cika so ba. Cikin watan Yuni ta zama ta ɗaya a duniya, mace ta biyu daga Ostiraliya da ta hau wannan matsayi bayan Evonne Goolagong. A ƙarshen shekarar ta ɗauki dala miliyan 4.42 a gasar Shenzhen ta ƙasar Sin, lada mafi tsoka da aka taɓa biyan ɗan tanis, namiji ko mace, a gasa guda zuwa lokacin.

Duk da haka tsohon ciwon bai warke ba. Da annobar korona ta zo a 2020 ta zauna gida, ta bar kofin Paris ba ta je kare shi ba. A 2021 ta fita a watan Maris, kuma saboda dokar killace matafiya ta ƙasarta ba ta sake ganin gida ba sai bayan gasar Amurka a Satumba. A tsakiyar wannan doguwar tafiya ciwon ƙugu ya fitar da ita daga gasar Paris, 'yan makonni bayan nan kuma ta doke Karolina Pliskova ta ɗauki kofin Wimbledon. Shekara 50 ke nan daidai da Goolagong, 'yar al'ummar Wiradjuri, ta fara cin wannan kofi a 1971, kuma Barty ta buga gasar da tufafin da aka ɗinka don tunawa da na Goolagong na wancan lokaci. Ita ma Goolagong tun tana yarinya ta bar ƙaramin garinsu Barellan ta koma Sydney saboda tanis. Sun san abu ɗaya su biyun.

Saura gida. Tun Chris O'Neil a 1978, babu ɗan ƙasar, namiji ko mace, da ya ci kofin ɗai-ɗai na Australian Open. A Janairun 2022 Barty ta ratsa gasar ba ta faɗi turmi ko ɗaya ba. A wasan ƙarshe Danielle Collins ta Amurka ta yi mata fintinkau da 5-1 a turmi na biyu, ta farfaɗo ta kamo ta, ta ƙarasa wasan 6-3, 7-6. Goolagong ce ta miƙa mata kofin.

Ba a yi wata biyu ba, ranar 23 ga Maris, ta zauna da tsohuwar abokiyar wasanta Dellacqua a wani faifan bidiyo ta sanar cewa ta daina. Shekararta 25, tana ta ɗaya a duniya, da kofuna 15 na ɗai-ɗai da mako 121 a saman jeri. Ta ce ƙarfin jiki da kwaɗayin da aikin ke bukata sun ƙare mata. Mutane da yawa sun ji zafin abin, suna lissafin kofunan da za ta iya ƙarawa. Na fahimce su, ni ma na so in ƙara ganin wannan yankan ƙwallo. Amma mai lissafin kofuna ba shi ke kwana a otal wata shida ba, kuma wadda ta taɓa karyewa a shekara 18 ta fi kowa sanin alamun. Kafin ita, Justine Henin ta Beljiyam ce kaɗai macen da ta ajiye wasan tana matsayi na ɗaya, a 2008, ita kuwa ta dawo daga baya. Barty ta nemi a cire sunanta daga jerin gwanaye, aka cire, Iga Swiatek ta Poland ta hau kujerar a farkon Afrilu.