Daga York Zuwa Birnin Gwari: Tsanin da 'Yar Wasan Hausa Ta Rasa

A farkon shekarar 1963, Najeriya ba ta cika shekara uku da samun mulkin kai ba, wata ƙungiyar 'yan wasan kwaikwayo daga birnin Nottingham na ƙasar Ingila ta zo rangadi Afirka ta Yamma, hukumar British Council ce kuma ta ɗauki nauyin tafiyar. Cikin wasannin da suka nuna a Najeriya akwai Macbeth na Shakespeare, kuma wadda ta fito a matsayin matar Macbeth wata matashiya ce 'yar shekara 28 mai suna Judi Dench. Shekara guda kafin zuwansu, wato a 1962, Gwamnatin Jihar Arewa ta buɗe gidan rediyo da talabijin na Kaduna, inda daga baya aka reni maza da matan da suka aza harsashin wasan kwaikwayon Hausa na zamani. Ke nan tafiyar wannan Baturiya da tafiyar 'yan wasanmu kusan tare suka soma. Abin da ya kamata mai karatu ya tsaya ya duba shi ne inda kowace tafiya ta kai masu ita, da dalilin da ya sa aka yi hannun riga.

An haifi Judi Dench a watan Disamba na 1934 a York, wani tsohon birni da ke arewacin Ingila, nesa da Landan. Mahaifinta likita ne wanda yake duba 'yan wasan gidan wasan kwaikwayo na garin, mahaifiyarta kuma tana kula da kayan sawar 'yan wasa. Tun tana yarinya take shiga wasannin gargajiya na addini da mutanen York suke shiryawa da kansu. Daga nan ta tafi makarantar koyon furuci da wasan kwaikwayo a Landan, sannan a 1957 kamfanin Old Vic ya ɗauke ta, ta fito a matsayin Ophelia a wasan Hamlet. Masu sharhi a jaridu ba su raga mata ba, har aka karɓe rawar daga hannunta lokacin da kamfanin zai tafi rangadi Amurka. Amma ba a sallame ta ba. An bar ta tana yin ƙananan fitowa tana gogewa, har ta koma babban kamfanin wasannin Shakespeare a 1961.

Abin da ya biyo baya dogon aiki ne na fiye da shekara sittin. A 1976 ta sake fitowa a matsayin matar Macbeth, tare da Ian McKellen, a wani ɗan ƙaramin zaure, kuma aka ɗauki wasan aka nuna a talabijin a 1979. Daga 1981 zuwa 1984 ta yi wasan barkwanci na talabijin mai suna A Fine Romance tare da mijinta Michael Williams, wanda ta aura a 1971 suka zauna har rasuwarsa a 2001. Daga 1992 zuwa 2005 ta yi As Time Goes By a tashar BBC. Sarauniyar Ingila ta ba ta lambar girma ta Dame a 1988. Duniya kuwa ba ta san ta sosai ba sai a 1995, tana da shekara 60, lokacin da ta fito a matsayin shugabar hukumar leƙen asiri a fim ɗin James Bond. A 1999 ta karɓi kyautar Oscar saboda fitowar da ba ta wuce kimanin minti 8 ba, a matsayin Sarauniya Elizabeth ta Farko. A 2012 ta bayyana cewa ganinta yana raguwa, har ya zama sai an karanta mata abin da za ta faɗa ta haddace, amma aka ci gaba da kiranta aiki, kuma a 2022, tana da shekara 87, sunanta ya sake shiga jerin 'yan takarar Oscar.

To, mu waiwayo gida. Duk wanda ya taso a Arewa a shekarun 1970 da 1980 ya san Samanja Mazan Fama, wato marigayi Usman Baba Pategi wanda ya rasu a 2023, ya san marigayi Ƙasimu Yero wanda ya rasu a 2017, ya san Karkuzu na Bodara, ya kuma san Tambaya matar Malam Mamman, wato Hajiya Ladin Cima. A watan Fabrairun 2022 wannan baiwar Allah ta bayyana a shirin BBC Hausa na Daga Bakin Mai Ita, inda ta ce bayan shekarun da ta kwashe tana wasa, abin da ake sallamarta da shi a fim yakan kasance naira 2,000 zuwa 5,000, kuma tana cikin matsalar muhalli. Wasu manyan masu shirya fim sun fito sun musanta, suka ce sun biya ta fiye da haka. Aka yi ta cacar baki na makonni, masu hali suka kai mata gudummawa, sannan ƙura ta lafa. Shi ma Karkuzu, wato Abdullahi Shu'aibu, ya rasa ganinsa a ƙarshen rayuwarsa, sai da ya nemi taimakon jama'a, ɗan ƙwallo Ahmed Musa ya saya masa gida, kafin Allah Ya karɓi ransa a 2025.

Ba wai waɗannan bayin Allah sun gaza Judi Dench baiwa ba ne. Wanda ya taɓa ganin yadda Ƙasimu Yero yake sarrafa murya da ƙwayar ido ya san ba a nan gizo yake saƙar ba. Bambancin shi ne ita ta tarar da tsani a jingine, su kuwa da farce suka hau bango. Matakin farko na tsanin nata dandalin garinsu ne. Na biyu makarantar horarwa. Na uku kamfanonin wasa masu ɗaukar mutum aiki na shekaru, waɗanda gwamnati take tallafa wa ta hannun hukumar raya fasaha da aka kafa a 1946. Na huɗu ƙungiyar ƙwadago ta 'yan wasa mai suna Equity, wadda aka kafa tun 1930, ita ce take yanke mafi ƙarancin ladan aiki, take kuma tabbatar da an sake biyan ɗan wasa idan aka maimaita nuna aikinsa. Na ƙarshe kuma asusun taimako da gidan kula da tsofaffin 'yan wasa, irin su Denville Hall da ke bayan garin Landan. Cacar bakin 2022 ta tsaya ne kan ko dubu biyu aka bayar ko fiye, alhali babbar tambayar ita ce: ina rubutacciyar yarjejeniya, kuma ina haƙƙin maimaici?

Akwai wani ɓangare na matsalar da yake cikin harshenmu. Mun kira abin wasan kwaikwayo, mai yinsa kuma ɗan wasa, ga shi kuwa a Hausa wasa kishiyar aiki ne, shi ya sa ake cewa a bar wasa a kama aiki. Idan aka ce mace 'yar wasa ce, ko 'yar dirama, ko 'yar fim, sau da yawa akwai wani ɗan ɗaci a ƙarƙashin harshen mai maganar wanda babu shi idan aka ce malamar asibiti ko 'yar jarida. Sai dai kada mu ɗora wa kalma laifin da ba nata ba, domin su ma Turawa kalmar da suke kiran abin da ita ma'anarta wasa, kuma ƙarnoni suka yi suna kallon 'yan wasa a matsayin 'yan iska marasa matsuguni. A zamanin Shakespeare ma ba a yarda mace ta hau dandali ba, yara maza ne suke fitowa a matsayin mata, sai a 1660 aka soma ganin mace a dandalin Landan. Kalmar ba ta sauya ba, martabar sana'ar ce ta sauya, kuma tsari ne ya sauya ta.

Haka nan ba gaskiya ba ne a ce kwaikwayo baƙo ne ga matan Hausawa. Wasan gauta, wanda matan gidan sarauta suke yi suna kwaikwayon sarki da hakimansa domin a yi raha a kuma isar da gyara cikin hikima, ya girmi rediyo da talabijin. Tashen 'yan mata a watan azumi makaranta ce ta murya da motsi da haddar zance. Da boko ya zo, marubuta irin su Abubakar Tunau mai Wasan Marafa da Shu'aibu Maƙarfi mai Jatau na Kyallu suka mayar da abin rubutacce, har Ibrahim Yaro Yahaya ya fassara wani wasan Shakespeare da sunan Daren Sha Biyu. Tushe dai akwai shi. Abin da ya faru shi ne bayan fitowar Turmin Danya a Kano a 1990, kasuwar bidiyo ta haɗiye komai, dandali ya mutu, gidajen talabijin na gwamnati suka rage shirya wasanni, aka koma neman sabuwar fuska maimakon gogaggiyar murya. A irin wannan kasuwa yarinya takan yi tashe na shekara biyar ko shida, sai aure ya zo ta ajiye sana'ar, ko kuma shekaru su ja a mayar da ita uwar da take fitowa sau biyu ta yi kuka ta yi faɗa. Shekarun da Judi Dench ta fi yin fice a cikinsu su ne shekarun da muke yi wa namu ritayar dole.

Me ya kawo Birnin Gwari cikin wannan zance? Dalili shi ne matakin farko na tsani ba a babban birni ake kafa shi ba. York ce ta fara renon Judi Dench, ba Landan ba, kuma idan ana son a san ko Arewa tana da wannan mataki, sai a dubi gari irin Birnin Gwari, tsohuwar masarauta a yammacin Jihar Kaduna, wadda take cikin da'irar da muryar Rediyon Kaduna ta daɗe tana isa. Fiye da shekara goma 'yan bindiga da suka yi sansani a dazukan Kamuku da Kuyambana suka addabi wannan yanki. Hanyar Kaduna zuwa Birnin Gwari ta zama abin tsoro, manoma suka bar gonaki, makarantu da dama a karkara suka rufe. A watan Maris na 2024 aka kwashe ɗalibai fiye da ɗari daga makarantar Kuriga da ke kan wannan hanya. A watan Nuwamba na shekarar ne Gwamna Uba Sani ya je Birnin Gwari aka ƙulla sulhu da wasu daga cikin 'yan bindigar, aka kuma sake buɗe kasuwar shanu.

Wani zai ce mutanen da suke neman tsira da rai ina ruwansu da wasan kwaikwayo. Amsar tana nan kusa, a Zariya. Tun tsakiyar shekarun 1970 sashen wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello, a ƙarƙashin Michael Etherton da waɗanda suka biyo bayansa irin su Farfesa Oga Steve Abah, ya riƙa fita da ɗalibai zuwa Samaru da Soba da Maska da Bomo, inda mutanen gari da kansu suke tsara wasa a kan matsalolinsu, su nuna a dandali, sannan a zauna a tattauna. Wannan dabara ta yi suna har a ƙasashen waje. Sulhun da aka ƙulla tsakanin manya yana buƙatar inda talakawa za su amayar da abin da ke cikinsu, kuma a Kuyello da Randagi da Dogon Dawa akwai matan da suka ga abin da baki ba ya iya faɗa kai tsaye. Abin da mace ba za ta iya furtawa a gaban hakimi ba, tana iya sa shi a bakin wata a cikin wasa, kamar yadda kakanninta suka yi a wasan gauta. Idan ba a ba su wannan dama ba, wasu ne za su zauna a Kano ko Legas su ba da labarin dajin yadda kasuwa take so.

Ba kira nake yi a kwaso al'adun Ingila a jibge mana ba. Damuwar iyaye da malamai game da tarbiyya damuwa ce ta gaskiya, kuma rushewar shirin gina alƙaryar fim a Kofa ta Jihar Kano a 2016 ta nuna cewa duk abin da aka ƙulla ba tare da su ba, ba zai yi ƙarko ba. Amma rashin tsari shi ne babban abokin ɓarna. Yarinyar da ba ta da takardar yarjejeniya, ba ta da ƙungiyar da za ta kai kuka, ita ce take zama a tafin hannun mai ba da aiki. Mai kishin tarbiyya shi ya fi kowa cancantar neman a yi doka.

Saboda haka abubuwa huɗu ne a gabanmu. Ma'aikatar ilimi ta Jihar Kaduna ta farfaɗo da ƙungiyoyin wasan kwaikwayo a makarantun sakandare, har da na 'yan mata, ta fara da yankunan da rikici ya ɗaiɗaita. Jami'o'inmu su koma fita karkara kamar da. Ƙungiyoyin masu shirya fim, da MOPPAN a kan gaba, su yanke mafi ƙarancin lada a rubuce, da kason maimaici, da asusun tsufa. Gidajen talabijin na Kaduna da Kano da Jos kuma su ceto abin da ya rage na tsofaffin faya-fayansu su mayar da su kan kwamfuta, domin ita kanta BBC ta goge ɗimbin shirye-shiryenta na da, tana kuma cizon yatsa har yau.

Wataƙila a wani aji a Birnin Gwari akwai yarinyar da idan ta kwaikwayi maganar kakarta sai kowa ya riƙe ciki don dariya, idan kuma ta kwaikwayi kukan maƙwabciya sai ajin ya yi tsit. Allah Ya riga Ya yi nasa, Ya ba ta baiwa. Jingina tsanin kuwa aikinmu ne. Allah Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, Ya jiƙan magabatanmu da suka faranta mana rai.