Jerin Lambobin Shafi a Littattafan Yaƙi da Jahilci: Yadda Ake Hana Shi Yankewa Tsakanin Sassa

Tun daga shekarar 1963 da aka kafa ma'aikatar yaƙi da jahilci a Nijar, littafin koyon karatu na Hausa ya bi ta hannun injuna iri iri. Da can da keken rubutu ake buga shi a kan sitansil, a murza a roniyo, mai buga rubutu kuwa shi ke sa lambar kowane shafi da hannunsa. In ya yi kuskure, kuskuren na shafi guda ne. Yanzu aikin ya koma kan kwamfuta, kuma galibi da manhajar Word ake tsara ƙananan littattafan da ake rabawa cibiyoyin karatun manya. Injin ne ke ƙidaya shafuka da kansa, amma bisa umurnin da ke ɓoye a cikin takardar, wanda mai tsarawa ba ya gani. Wannan bayani ya shafi wuri guda inda ƙidayar ta fi yawan karyewa, watau mahaɗar sassa.

Abin da ke jawo damuwa

A ɗauki misalin littafi mai shafi 48 da aka shirya domin cibiyoyin gundumar Madarumfa, daga Gabi zuwa Ɗan Isa, daga Safo zuwa Jiratawa: gabatarwa shafi 4, darussan karatu shafi 26, lissafi shafi 12, jadawalin awon hatsi da kuɗin kasuwa shafi 6. Idan kowane sashe ya sake ƙidaya daga 1, shafi na 3 zai fito sau huɗu a littafi ɗaya, shafi na 5 kuma sau uku. Malami ya ce a buɗe shafi na 5, sai ajin ya rabu uku. Ga ƙwararren mai karatu wannan ƙaramin abu ne, zai duba kan magana ya gane inda ake. Amma manomin da ya shigo cibiya da rani, bayan an kai amfanin gona rumbu, lambar shafi tana cikin abubuwan farko da yake koyon ganewa, tun kafin ya iya haɗa baƙi da wasali. Da ita yake neman wurinsa. Har wa yau littafin malami yana nuni ga shafukan littafin ɗalibi da lamba, don haka ɓacin ɗaya ɓacin biyu ne. Littafin da aka riga aka buga aka raba ƙauyuka kuwa ba ya dawowa gyara sai wata shekara.

Malaman zaure na ƙasar Hausa sun san wannan matsala tun kafin zuwan boko. Littattafansu na Larabci da ajami warƙoƙi ne a sake, ba ɗinki, ana haɗa su cikin tadarishi a sa a gafaka. Domin kada jeri ya ɓace, mai kwafi yakan rubuta kalmar farko ta warƙa mai zuwa a gindin wadda ya gama, can gefen hagu. Duk wanda ya duba rubuce-rubucen da ke ajiye a sashen littattafan Larabci da ajami na cibiyar IRSH a Yamai, waɗanda tushensu tarin da Bubu Hama ya yi ne, zai ga wannan dabara. Kowace warƙa tana riƙe da wadda ke biye da ita. Abin da ake nema daga kwamfuta bai wuce haka ba, sai dai ita ta baya take dubawa: kowane sashe ya karɓi ƙidaya daga wanda ya gabace shi.

Shafi, warƙa, babi, sashe

Kafin a shiga aikin injin, ya kamata a daidaita kalmomi, gama rabin ruɗanin daga nan yake tasowa. Warƙa ita ce fallen takarda mai fuska biyu, shafi kuwa fuska ɗaya ne. Duka biyu daga Larabci Hausa ta aro su. Babi rabon magana ne, mawallafi ne ke yanke shi bisa ma'ana. Sashe kuma, a ma'anar da ake nufi a nan, rabon tsari ne: wani yanki na takarda da ke da nasa faɗin gefe, da tasa kwanciyar shafi, a tsaye ko a kwance, da nasa goshi da gindi, da tasa ƙa'idar ƙidaya. Alamar da ke raba sashe da sashe ita ce a allon Faransanci aka kira saut de section. A nan za a kira ta shingen sashe. Wadda ke tura rubutu zuwa sabon shafi kawai, ba ta canza kome a tsari, ita ce tsallaken shafi.

Masu tsara littafi da yawa suna kafa shinge a farkon kowane darasi, alhali tsallaken shafi ya wadatar. Littafi mai darasi ashirin sai ya wayi gari da sassa ashirin, kowanne da ƙa'idarsa. Shinge ba ya wajaba sai inda tsari zai sauya da gaske, misali inda jadawali zai kwanta, ko inda za a jera kalmomi layi biyu, ko inda rubutun goshi zai canza.

Inda umurnin ƙidaya yake zaune

Lambar da ake gani a gindin shafi ba rubutu ba ce kamar sauran rubutu. Gurbi ne da injin ke cikawa. Kowane sashe yana ɗauke da umurni biyu game da wannan gurbi: siffar lamba (1, 2, 3 ko i, ii, iii ko a, b, c), da kuma mafarin ƙidaya. Mafarin zaɓi biyu ne kurum. Ko dai sashen ya ci gaba daga na bayansa, abin da aka rubuta À la suite de la section précédente, ko kuwa ya fara daga wata lamba da aka ba shi, watau À partir de. Ana samun su ta hanyar danna gindin shafin sau biyu, a zaɓi lambar, a buɗe Format des numéros de page. Da an shiga gindin, injin yana nuna lambar sashen da ake ciki a gefe.

Abin lura shi ne sabon sashe yana gadon umurnin sashen da aka yanko shi daga ciki. Idan tun farko an gaya wa takardar ta fara daga 1, sa'an nan aka bi ta ana kafa shingaye, to kowane yanki ya tafi da wannan umurni na farawa daga 1. Ba wanda ya nemi haka, gado ne. Hanya ta biyu da ɓarnar ke shigowa ita ce haɗa aikin mutane da yawa. Kwamitin rubutu yakan raba aiki, wani ya ɗauki karatu, wani lissafi, kowa ya buga nasa a tasa kwamfuta, daga baya a zuba su wuri ɗaya. Shingayen da ke cikin kowane fayil suna tahowa da umurninsu.

Gyaran ba shi da wuya, sai dai yana son haƙuri. A fara da danna alamar ¶ domin shingayen su bayyana a ƙidaya su. Sa'an nan a bi sassan ɗaya bayan ɗaya, daga na biyu har na ƙarshe, a kowanne a zaɓi ci gaba daga na baya. Tsallake guda ɗaya ya isa ya mai da duk abin da ke bayansa baya, domin sassan da ke biye daga lambarsa za su ɗora. Ƙaramin shingen da ba ya buɗe sabon shafi, irin wanda injin ke sawa da kansa sa'ad da aka raba rubutu layi biyu, shi ya fi wuyar ganewa: yana tsakiyar shafi, ɓarnarsa kuwa ba ta bayyana sai a shafin da ke biye, inda mai nema ba zai ga shingen kome ba.

Akwai wani maɓalli da ake yawan ɗora wa laifin da ba nasa ba, shi ne Lier au précédent. Aikinsa shi ne ya sa goshi ko gindin wani sashe ya ɗauki abin da aka rubuta a na sashen baya. Ba ruwansa da ƙidaya. Ana iya ɗaure gindin sassa biyu amma na biyun ya fara daga 1. Ana iya kwance su kuma lamba ta ci gaba daidai. Wanda ya kwance ɗaurin ya share abin da ke gindin, lambar za ta ɓace daga gani, amma ƙidayar tana tafiya a ɓoye. Haka nan zaɓin da ke ware shafin farko, wanda da shi ake ɓoye lamba a bango: na kowane sashe ne dabam, kuma shi ma ana gadonsa, shi ya sa wani lokaci lamba ke ɓacewa a farkon kowane darasi ba tare da jerin ya karye ba.

Share shinge ma yana da ƙa'idarsa. Shingen yana riƙe da tsarin rubutun da ke gabaninsa. In aka share shi, wannan rubutu zai ɗauki tsarin sashen da ke biye. Wanda ya share shingen da ke tsakanin lissafi da jadawali zai ga shafukan lissafi goma sha biyu duk sun kwanta.

Lambar da ta yi tsalle

Wani lokaci jerin bai koma baya ba, tsalle ya yi, daga 31 zuwa 33. Mafi yawa wannan ba kuskure ba ne. Akwai shingen da ke tilasta wa sashe farawa a shafi mai lambar mara, watau na hannun dama a littafin boko. Idan sashen baya ya ƙare a 31, injin zai saka farin shafi na 32, ya ƙidaya shi, ya fitar da shi wajen bugu, ko da yake ba ya nuna shi lokacin da ake rubutu. Ga littafin bincike wannan ado ne mai kyau. Ga ɗan littafin da ake naɗewa biyu a ɗinke a tsakiya, lissafi ne da ya kamata a yi tun da wuri, domin kowane fallen A4 da aka naɗe shafi huɗu yake bayarwa. Shafi 48 falle 12 ne. Fallen waje yana ɗauke da 48 da 1 a fuska ɗaya, 2 da 47 a ɗayar, kuma duk shafi biyu da ke kafaɗa da kafaɗa a falle jimlarsu 49 ce. Farin shafi guda da ba a yi tsammani ba ya mai da littafin 49, sai a ƙara falle na 13, shafi uku su tafi a banza a kowane kwafi.

Lambobin Rumawa

Al'adar ɗab'in Turai ita ce a ƙidaya gabatarwa da i, ii, iii, sa'an nan ainihin littafi ya fara daga 1. Kundin jami'a da rahoton bincike suna iya bin wannan: sashe na farko da siffar Rumawa, na biyu ya fara daga 1, saura duka su ci gaba. Haka kuma maƙalar da za ta shiga mujalla daga shafi na 37, sashenta na farko kaɗai ake ba 37, domin masu ambato su sami lamba guda tabbatacciya.

A littafin koyon karatu kuwa babu hujjar yin haka. Sabon mai karatu zai ɗauki i a matsayin wasalin da aka koya masa jiya, v da x kuma babu su sam a abacadan Hausa. Abin da ya fi dacewa shi ne jeri ɗaya tak daga farko har ƙarshe, da manyan lambobi, a wuri ɗaya a kowane shafi. Wannan shawara ce da ta cancanci shiga ƙa'idojin da ake ba kwamitocin rubutu, kusa da ƙa'idar rubutun kanta, balle yanzu da kundin sake gina ƙasa na 2025 ya ba Hausa matsayin harshen ƙasa.

Baƙaƙe masu lanƙwasa da tafiya maɗaba'a

Jeri yana iya zama daidai a ofis ya ɓaci a maɗaba'a. Rubutun Hausa na Nijar, kamar yadda dokar 1999 ta tsaida shi, yana amfani da ɓ, ɗ, ƙ da ƴ, kuma ba kowane nau'in haruffan bugu ke da su ba. Cibiyar SIL ta ƙera waɗansu da ke ɗauke da su, kamar Charis da Andika, na biyun ma domin masu koyon karatu aka yi shi. Idan aka ɗauki fayil daga Madarumfa aka buɗe shi a kwamfutar maɗaba'a a Maraɗi wadda ba ta da wannan nau'i, injin zai musanya shi da wani. Faɗin haruffa ya canza, layi ya zarce, darasin da ya cika shafi ɗaya cif ya malala zuwa na biyu. Lambobin za su ci gaba da bin juna, amma ƙumshiya da littafin malami sun riga sun saɓa da su. Buɗe fayil ɗin da LibreOffice ma yana iya motsa layuka, gama ita da salon shafi take aiki, umurnin sake ƙidaya kuma a sakin layin farko na sabon shafi take ajiye shi.

Saboda haka aikin ƙarshe kafin a rabu da littafi shi ne a sabunta ƙumshiya, a mai da fayil ɗin PDF, a bi shi shafi shafi ana gwama lambar da aka buga a gindi da wadda manhajar karantawa ke nunawa. A littafin da aka ƙidaya daga bango ba yankewa, lambobin nan biyu dole su zo ɗaya tun daga 1 har 48, kuma wurin da suka fara rabuwa nan shingen mai laifi yake.

Littafi mai boko da ajami a haɗe, wanda ake buɗewa ta fuska biyu, shari'arsa dabam ce. Jeri biyu ne ke tahowa daga bango biyu su gamu a tsakiya, kuma ya fi sauƙi a tsara su a fayil biyu, kowanne da ƙidayarsa, a bar wa maɗaba'a haɗawa.