Ƙofa ta Ashirin da Biyu

Duk wanda ya taɓa bi ta Challawa da hantsi, ya shaƙi warin jima, ya ga manyan motoci na sauke fatun awaki da na tumaki a ƙofar majemu, da wuya ya kawo a ransa cewa lissafin waɗannan fatu, tun daga ranar da aka ƙirga su har ranar da za a loda su zuwa Ikko, yana iya zama a kwance cikin kwamfuta guda, wadda akawu zai shiga cikinta da tsakar dare alhali yana ɗakinsa a Panshekara, ko yana masauki a Italiya inda ake kai jemammun fatun. Hanyar da ma'abota wannan ilmi suka fi amincewa da ita wajen irin wannan shiga daga nesa, ita ce SSH.

Asalinta kuwa, a shekarar 1995 wani mai bincike a Jami'ar Fasaha ta Helsinki, Tatu Ylönen, ya ga ɓarayi sun ɗana tarko a layin jami'ar suna tsintar kalmomin sirri, domin Telnet, wadda ake aiki da ita a wancan zamani, a fili take aika su, tamkar wasiƙar da ba a liƙe bakinta ba. Sai ya shirya hanyar da ke rikita kowane harafi kafin ya bar hannun mai aikawa, aka ba ta ƙofa mai lamba 22. Hikimar da ta fi burge ni a ciki ita ce ta kwaɗo da mabuɗi: ka bar kwaɗonka a jikin kwamfutar ma'aikata, mabuɗin na aljihunka, kuma ko da jama'a sun wuni suna kallon kwaɗon, ba wanda zai ƙero mabuɗi daga kallo. Manhajar PuTTY ta Simon Tatham, wadda ta fito a 1999 kuma ake shiga ta SSH da ita, ƙarama ce ainun, har mutum na yawo da ita a filash kamar carbi.

To, a nan ne gizo ke saƙar. Yanzu ana tallar asusun SSH na kyauta, na kwana 3 ko 7 ko 30, ana yi masa kirari da gudu, samari kuwa na rububinsa don neman sauƙin data. Game da gudun, haƙiƙa SSH ba ta ƙara wa layi faɗi, kuma saƙon da sai ya gangara Ikko, ya bi igiyar ƙarƙashin teku, ya yada zango a kwamfutar mai asusun, misali a Singafo, kafin ya juyo, jinkiri ya ƙara. Amma illar da ta fi wannan girma ta amana ce. Fataken da suka bi hanyar Gwanja neman goro, komai ƙarfin ɗaurin kayansu, a gidan fatoma ake kwance shi, saboda haka ba su sauka sai wurin wanda aka san asalinsa. Haka rufin SSH yake ƙarewa a kwamfutar mai asusun: yana ganin duk inda ka nufa, yana kuma iya karanta abin da ba a yi wa ƙulli na biyu ba. Malaman hadisi ba su karɓar riwayar majahuli, balle a damƙa masa lissafin majema.

Ko da kwamfutar ta ma'aikatarku ce, akwai sharaɗi guda da gaggawa ke sa a keta. Ranar farko da aka shiga, manhaja kan nuna wasu dogayen haruffa da lambobi, su ne tambarin waccan kwamfuta, ta tambaya ko an yarda. In wata rana ta yi gargaɗi cewa tambarin ya sauya, mai yiwuwa gyara aka yi, mai yiwuwa kuma wani ne ya tsuguna a tsakani. Akawu mai tahaƙiƙi a nan yake janye hannu, ya buga wa mai kula da na'ura a Challawa waya, ya sa shi ya karanto masa haruffan ɗaya bayan ɗaya.